Ajin dare na zauren Birni: yadda aikin katunan "bored" da "boring" ke tafiya

Asabar, 1 ga Nuwamba 2025

Na fara wannan rubutu don in riƙa ajiye labarin aikin da na ɗauko wa ajinmu na dare, saboda wasu malaman Ingilishi na nan Damagaram da na Mirya sun ce in abin ya yi kyau za su so su kwafa. Aikin shi ne haɗa fakitin kati, daga baya kuma ɗan littafi, a kan siffofin Ingilishi masu zuwa biyu-biyu: bored da boring, interested da interesting, tired da tiring, da ƴan uwansu. Ɗaya tana faɗin abin da mutum ke ji, ɗayar tana faɗin abin da ya sa shi ji.

Ajin a zauren gidanmu yake, a unguwar Birni, Litinin da Laraba da Asabar bayan sallar isha'i. Yara 14 ne ƴan turwaziyam, wato ajin ƙarshe na kwaleji, masu shirin jarrabawar BEPC, maza 9 mata 5, sai manya biyu: wani tela na unguwarmu da wani Alhaji abokin mahaifina mai kawo kayan gyaran babur. Tun da kundin sake gina ƙasar Nijar na watan Maris 2025 ya mai da Hausa harshen ƙasa, Ingilishi da Faransanci kuma harsunan aiki, iyaye ke tsayar da ni a hanya suna tambayar ko akwai wuri ga ɗansu. Zauren ba ya ɗaukar fiye da haka.

Abin da ya sa na zaɓi wannan darasi: yaranmu suna fara Ingilishi daga siziyam, ajin farko na kwaleji, ga su a shekara ta huɗu, amma in ka ce su rubuta yadda suka yi hutu sai ka ga "I was boring at home" da "I am very interesting in football". Yaron yana nufin zaman gida ya gundure shi, ya rubuta cewa shi ne ke gundurar mutanen gidan. Mai gyaran takarda zai ja masa jan bik ya wuce. Wanda ke jin Ingilishi kuwa abin da aka rubuta zai ɗauka, tun da jimlar ba ta karye ba, ma'anarta ce ta juye.

Kuɗi: kowane yaro yana kawo sefa 500 a wata, manya jika 2 kowanne, wato sefa 2000. Yau na sayi rim ɗin takarda jika 3 da rabi, kwalin alli jika 1 da rabi.

Litinin, 3 ga Nuwamba

Gwajin farko, jimla 20, a zaɓi -ed ko -ing. Fotokofi sefa 800.

Na shirya jimlolin kashi biyu ba tare da na gaya musu ba. A 12 daga ciki mutum ne ke ji, wani abu ne ya jawo, irin "The children were frightened" da "The news was shocking". Nan kusan kowa ya ci 10 ko fiye. A sauran 8 ɗin mutum ne ya jawo jin, ko kuma dabba ce ke ji: "My uncle talks for hours about his sheep, he is so boring", "The goat was frightened by the lorry". Nan babu wanda ya wuce 3.

Da na tambaye su yadda suke zaɓa, sai suka buɗe kayensu, wato littattafan rubutunsu, suka nuna mini. Kusan duka suna da layi ɗaya da aka sa su kwafa a lakwal: mutum -ed, abu -ing. Dokar tana da sauƙin haddacewa, kuma tana ci a jimlolin da aka fi kawowa a littafi, shi ya sa ta yaɗu. Kamar guga ce mai gajeriyar igiya, da damina tana ɗebo ruwa, rani na yi ta kasa. Mutum yana iya zama boring, yana iya zama interesting ko annoying ko amazing, kuma a hirar yau da kullum maganar mutane aka fi yi. Aikina na farko ke nan, in raba su da layin nan.

Laraba, 5 ga Nuwamba

Na fara daga aikatau, domin duk siffofin nan daga aikatau suka fito. Na rubuta layi uku a allo:

The road tires the driver.
The road is tiring.
The driver is tired.

Wanda ya yi aikin a layin farko shi ke ɗaukar -ing, wanda aikin ya faɗa wa shi ke ɗaukar -ed. Na ce su tuna hanyar Tanut zuwa Agadas, su faɗi layukan da Hausa. Ba wanda ya yi gardama: hanya ta gajiyar da direba, hanya mai gajiyarwa ce, direba ya gaji. Babu yaron da zai ce direba mai gajiyarwa ne alhali yana nufin ya gaji. Bambancin da suke ta faɗuwa a kansa a Ingilishi, a bakinsu yake tun suna goye.

Daga nan na ce su kawo duk abin da suka sani mai "ban" a ciki. Suka yi ta jerowa: mai ban tsoro, mai ban mamaki, mai ban haushi, mai ban sha'awa, mai ban dariya, mai ban takaici. Muka sa kowanne gefen nasa: frightening, surprising, annoying, interesting, amusing, disappointing. A ɗaya gefen allon muka rubuta na ji tsoro, na yi mamaki, na ji haushi, ina sha'awa, muka sa frightened, surprised, annoyed, interested. Telan ya daɗe yana kallon allon, sannan ya ce, "Malam, ashe mai bayarwa ne da mai karɓa." Da wannan sunan za mu ci gaba. Katin mai bayarwa zai ɗauki jan layi, na mai karɓa kore.

Akwai ƙari ɗaya da ya taimaki masu saurin fahimta. Hausa tana da siffa irin ta dafaffe, soyayye, wankakke, wato abin da aka yi wa aiki. Ita ce ƴar uwar -ed: dafaffen nama cooked meat, soyayyen kifi fried fish. To haka firgitacce da ruɗaɗɗe suke, an firgita shi, an ruɗa shi, terrified da confused. Mai firgitarwa da mai ruɗarwa su ne terrifying da confusing.

Ba kowace kalma ke da "ban" ba. Relaxing sai dai ka ce mai kwantar da hankali, worrying mai tayar da hankali, boring mai gundura. Amma tambayar ba ta sakewa: wa ke ji, wa ko me ya sa aka ji?

Asabar, 8 ga Nuwamba

Maimaici kawai. Na kammala zaɓen kalmomi 30, kowace da fuska biyu, kati 60 ke nan a fakiti.

Litinin, 10 ga Nuwamba

Yau yaron da ya fi kowa maki a lakwal ya ɗaga hannu ya ce, "Mushe, ai da Faransanci ya fi sauƙi, -é da -ant ne." Yana da gaskiya zuwa wani wuri, kuma na bar shi ya rubuta a allo: intéressé da intéressant, fatigué da fatigant, surpris da surprenant, déçu da décevant. Duk sun hau daidai.

Sai na ce ya yi mana bored. Ya rubuta ennuyé, kuma nan hanyar ta rabu. Bafaranshe in zama ya gundure shi je m'ennuie yake cewa, aikatau ne. Ennuyé ya fi karkata ga wanda wata matsala ta dama, abu mai gundura kuma ennuyeux aka saba ce masa, babu -ant. Ga shi kuma ennuyé ya yi kama da annoyed a ido, shi ya sa rabin ajin ke ɗaukar annoyed da bored abu ɗaya ne, alhali ɗaya haushi ne ɗaya gundura. Confus na Faransanci sau da yawa kunya yake nufi, irin ta mai ba da haƙuri, confused na Ingilishi kuwa ruɗewa ce, kunyar ita ce embarrassed. Excité ana faɗa wa yaron da ya kasa zama wuri ɗaya, yana kuma da wata ma'ana da ba ta cikin aji ba, excited kuwa ɗoki ne da zumuɗi, irin na daren salla.

Abin da ya fi damuna ma ba waɗannan ba ne. Da yawa cikin yaran nan Faransancin nasu bai zauna ba, fatigué da fatigant ɗin ma suna cakuɗa su. In na bi ta can, yaro zai yi tunani da Hausa, ya tsallaka Faransanci, ya sake tsallakawa Ingilishi, kuma a tsallake na farko yake zamewa. Na yanke shawara bayan kowane kati zai ɗauki Hausa da jimlar misali ta Ingilishi. Faransanci zai shigo a kati huɗu kaɗai, a matsayin gargaɗi: bored, annoyed, confused, excited.

Alhamis, 13 ga Nuwamba

Ranar kasuwar Dole, gari cike. Na sayi takarda mai kauri 32, sefa 100 kowace, jika 3 da 200. Kati 8 ke fita a takarda ɗaya, fakiti 4 nake so don a zauna rukuni huɗu. Na kai wani shagon buga takardu, gaba da baya sefa 100 a takarda, wata jika 3 da 200. Sun ce in dawo Asabar, saboda aiki ya yi musu yawa.

Litinin, 17 ga Nuwamba

Katunan sun lalace duka.

An ba ni su a yanke, a ɗaure, da yamma ana shirin rufe shago. Sai a aji aka kwance. Wata yarinya ta ɗauki katin bored ta juya, ta karanta da ƙarfi: "mai gundura, wanda ke sa a gundura." Na karɓa na duba. Bayan boring kuma an rubuta "wanda ya gundura". Haka tired da tiring, haka har ƙarshen fakiti. A shafin gaba kowace kalma tana zaune gefen ƴar uwarta, -ed a hagu, -ing a dama. In za a buga baya dole a juya jerin, na hagu ya koma dama, kuma haka na shirya shi a kwamfuta. Yaron shagon ya ga shafin baya bai yi daidai da na gaba ba a idonsa, sai ya gyara mini. Da bayan bored ya fito da bayanin shocking, kowa zai gane kuskure ne. Wannan kuwa kati ne mai kyan gani da ke koyar da ainihin abin da muke yaƙi da shi. Na tattara su nan take kafin wani ya kwafa a kaye.

Washegari da safe na koma shagon. Mai shagon ya fara da cewa abin da aka ba su suka buga. Na buɗe masa abin da na kawo a salulata, ya kira yaron, yaron ya amsa cewa ya taɓa. Bayan doguwar magana muka tsaya a kan zan sake sayen takarda, shi kuma ya buga a rabin kuɗi. Jika 3 da 200 da jika 1 da 600, jika 4 da 800 ke nan da ba ta cikin lissafi. Wannan karon an buga takarda ɗaya tukuna, muka ɗaga ta a rana muka ga kowace kalma ta hau kan bayaninta, sannan aka ci gaba. Duk malamin da zai kwafi aikin nan ya nemi a yi masa haka.

Tsofaffin ba su tafi a banza ba. Na shafe bayansu da baƙar maka, fuskar gaba za ta yi mana wasan ware-ware.

Laraba, 19 ga Nuwamba

An ɗauke wuta tun kafin magariba, fitila mai sola ɗaya ba ta isa a ga allo daga baya ba. Muka yi darasin da baki, kuma nan wata matsala ta fito wadda takarda ke ɓoyewa. Yaran da ke rubuta -ed daidai ba sa furta shi. Wasu suna yar da shi, su ce "I am tire", "I am confuse". Wasu suna bin rubutu, su ce bo-red, sho-ked, gaɓa biyu-biyu. Ba abin mamaki ba ne. Yawancin kalmomin Hausa da wasali suke ƙarewa, harshe bai saba tsayawa a kan baƙi biyu a jere ba, sai ya yar da ɗaya ko ya cusa wasali a tsakani.

Furucin -ed iri uku ne. In aikatau ya ƙare da sautin t ko d, ana ƙara gaɓa, a ce id: excited, interested, disappointed, exhausted. In ya ƙare da sauti marar ziza irin k, p, s, sh, sai a ji t: shocked, embarrassed, relaxed, depressed. Sauran duka d ne: bored, tired, annoyed, worried, frightened. Confused da surprised suna yaudara, ana rubuta s amma z ake furtawa, don haka d suke ɗauka. Na sa kowa ya ɗora yatsa a maƙogwaro ya ja sss sannan zzz, ya ji inda ke rawa.

Dabarar da ta fi ci ita ce a jingina ƙarshen da kalmar da ke biye in ta fara da wasali: tired of, shocked at, bored at home, interested in. Baƙin ya sami wasalin da zai hau, harshe ya huta. Na kuma gaya musu bored da board na allo furucinsu ɗaya ne, wannan ya zauna musu nan da nan. Interesting har yanzu suna kai nauyinsa ƙarshe irin na Faransanci, alhali a gaɓar farko yake.

Za a ƙara wa kowane koren kati ƙaramar alama da bik, t ko d ko id. Da muka tashi Alhaji ya riƙe ni a ƙofa ya ce, "Ɗana, gobe ka aiko yaro shago ya karɓi fitila." Ya ba ajin kyauta, babba ce, Allah ya saka masa.

Asabar, 22 ga Nuwamba

Mata biyu kaɗai suka zo cikin biyar, ran Laraba ma haka. Na aika ƙanwata gidajen. Ɗaya mahaifinta ya ce sanyi ya shigo, dare na yi unguwa ta yi tsit, ba ya son ta riƙa dawowa bayan ƙarfe 9. Biyu kuwa ruwa ne. Famfon layinsu da dare yake zuwa in ya zo, ƴan garuwa sun ɗaga kuɗi, su ne ke tsaron bido a layi. Duk ɗan Damagaram ya san wannan, ba abin da za ka ce wa uwa.

Innata ce ta kawo mafita, ta ce a mai da na Asabar bayan la'asar, a tsakar gida, ita tana nan. Na je da kaina na gai da iyayen, sun yarda. Matan za su samu zama ɗaya a sati maimakon uku, don haka fakiti ɗaya zai riƙa kwana wurinsu, suna karɓa-karɓa. Wannan ya sa dole a ɗauki muryar jimlolin katunan a salula.

Laraba, 26 ga Nuwamba

Sababbin katuna sun shiga aiki. Telan ya ɗinka wa kowane fakiti ƴar jaka da ragowar ƙyalle, bai karɓi ko dala ba.

Wasan: a ja jan kati, a yi jimla wadda mutum ne mai bayarwa, an hana kawo abu. Da farko shiru. Sai wani ya tuna gasar kokawa ta takobi ta kusa, ya ce, "Issaka Issaka is frightening." Na ce to abokan karawarsa fa? Ajin duka: "They are frightened!" Masu kallo? "Excited!" Kokawar? "Exciting!" Daga nan suka ɓalle. My little brother is annoying. Our neighbour is an interesting man. Na juya wasan, koren kati amma mai ji dabba ce: a tired donkey, a frightened goat. Mun wuce lokaci da kusan rabin awa, ba wanda ya kalli ƙofa.

Asabar, 29 ga Nuwamba

Ɗaukar murya. Wata ƴar ƙanwar innata da ke karatu a Jami'ar André Salifou, furucinta ya fi nawa tsabta, ta zo ta karanta jimlolin katunan, ni kuma ina faɗin Hausar. A tsakar gida abin bai yiwu ba, ga iskar hunturu tana busa cikin salula, ga kabu-kabu, ga awakin maƙwabta. Muka koma ɗakin soro mai kaurin bango muka rufe ƙofa, muryar ta fita sarai. Mun yanka shi guntu 6, kowane bai kai minti 3 ba, don ya wuce a WhatsApp ba tare da ya cinye kuɗin mutane ba. Yaran da yawa ba su da salula, ta yayye ko ta uwa suke ara, wasu ta Bluetooth aka tura musu. Kuɗin intanet jika 1, kabu-kabunta zuwa da komawa da ɗan abin shan ruwa jika 1.

Litinin, 1 ga Disamba

Hazo da mura, mutum 9 suka zo. Rubutu muka yi: e tana faɗuwa a boring da tiring, y tana komawa i a worried da satisfied amma tana nan a worrying da satisfying.

Laraba, 3 ga Disamba

Alhaji ya zo da salularsa. Wanda yake sayen kaya wurinsa a Chana ya turo masa hoton wasu tayoyi, shi kuma ba ya so, yana shirin rubuta "I am not interesting". Kafin in yi magana ya tsaya da kansa, ya ce, "A'a, ni ne mai karɓa." Ya goge ya rubuta interested. Sai ya tambaye ni abin da ke biye, kuma wannan tambaya ta buɗe mana babin da na so in jinkirta.

Siffofin -ed kowace da ƴar kalmar da take ja a bayanta, kuma a nan Hausa ba ta da taimakon da za ta bayar, tun da mu "da" muke sawa kusan ko'ina. Interested in, excited about, worried about, satisfied with, pleased with, frightened of, surprised at ko by, bored with. Annoyed with mutum, annoyed about abin da ya faru. Tired tana da biyu masu ma'ana daban: tired from walking gajiyar jiki ce, tired of waiting kuwa ƙosawa ce. Masu bin Faransanci suna jawo par da à su rubuta "interested by" da "interested to football". Babu dabara a nan sai a haddace siffar tare da wutsiyarta a matsayin abu ɗaya. Alhaji ya tafi da jimla biyu a takarda: "I am not interested in these tyres" da "I was disappointed with the last cartons". Ya ce ta biyun ya daɗe yana nemanta.

Na kuma kawo waɗanda ba sa bin layi, don kada su ƙirƙiro kalmar da babu. Mai karɓa scared, mai bayarwa scary. Stressed da stressful, delighted da delightful, impressed da impressive, offended da offensive. Upset ba ta ɗaukar -ed ko kaɗan, ƴar uwarta upsetting, da t biyu. Da hannu na rubuta katunansu a kan takardar da ta saura.

Asabar, 6 ga Disamba

Wani malami da ya girme ni a aiki ya leƙo zaman la'asar, ya zauna har aka tashi. Bayan yara sun fita ya ce, "Ƙanena, aikinka ya yi kyau, amma Hausa ta yi yawa. Ranar jarrabawa ba wanda zai fassara musu. Kuma dokar mutum da abu da kake rushewa, ita ke ba raunana maki."

Na saurare shi don ya san abin da yake faɗa, ya ga ɗalibai da yawa sun wuce ta hannunsa. A kan yawan Hausa na ɗauki rabin maganarsa: daga yanzu bayani da Hausa sau ɗaya, atisaye duka da Ingilishi. A kan dokar kuwa ban yarda ba, kuma na gaya masa cikin ladabi. Yaron da ya ci maki biyu da ita a BEPC zai kai ta lise, ya kai ta jami'a, ya kai ta takardar neman aiki, ya rubuta wa mai ɗaukar ma'aikata "I am interesting in this job". Tambayar wa ke ji ba ta fi dokar tsawo ba, raunanan ma sun riƙe ta cikin dare ɗaya domin da harshensu aka yi musu ita. Ya ce zai gwada a ajinsa ɗaya ya gani. Na ba shi aron fakiti har hutu.

Laraba, 10 ga Disamba

Sabon ruɗani, daga yaran da suka fi ƙoƙari. Sun saba is da -ing yana nufin aiki na gudana, she is cooking, tana dafuwa. To "the teacher is boring" fa, aikatau ne ko siffa? Na nuna musu jimla biyu: "The teacher is boring" da "The teacher is boring us". A ta biyun akwai wanda aikin ke faɗa wa, aikatau ne. A ta farkon hali ne ake faɗa. Gwajin da na ba su shi ne su sa very a gaba. Very boring, very tiring, very surprising duk sun zauna, very cooking ba ta zauna ba. Muka taɓa more tiring than da the most interesting a gurguje, muka tsaya.

Asabar, 13 ga Disamba

Gwaji na biyu, an haɗa maza da mata bayan la'asar, fotokofi sefa 800. Jimla 20 sababbi masu gini irin na farko, da ƙarin 10 na cike wutsiya, da kuma karatu da baki.

A jimloli 8 masu tarko, inda ba wanda ya wuce 3 a watan jiya, yara 11 sun ci 6 ko fiye, manyan biyu ma haka. Matan da ke zuwa sau ɗaya a sati ba su faɗi ƙasa da mazan ba, biyu daga cikinsu ma sun ci duka, kuma su ne suka fi sauraron muryar. Yara uku har yanzu suna zamewa, kuma da na zauna da su na ga ma'anar kalmomin ce ba su riƙe ba. In na faɗi jimlar da Hausa suna nuna mai ji da mai sa ji ba tare da jinkiri ba.

Wutsiya kuwa ba ta yi kyau ba. Yawanci 4 ko 5 cikin 10. Interested in ta zauna, tired of ta zauna, about da with da at suna ta musanya wuri. A furuci, id da d sun gyaru, t na shocked da relaxed har yanzu ana cusa masa wasali.

Alhamis, 18 ga Disamba

Ranar Jamhuriya, ba lakwal, na zauna na yi lissafi. Abin da ya shigo a wata biyu jika 20 da rabi, yara uku ba su kawo na Disamba ba kuma ba zan tambaya ba. Abin da ya fita jika 19 da 800, har da jika 4 da 800 na sake buga kati. Saura sefa 700.

Ajin zai tsaya daga Litinin har bayan hutu. A cikin hutun zan rubuta ɗan littafin, shafi 12 ƙanana, takarda 3 gaba da baya da bango, zai tsaya kusan sefa 250 kowane. Ina son kwafi 40, jika 10 ke nan, kuɗin Janairu zai ɗauka in kowa ya kawo. Shafi biyu na mai bayarwa da mai karɓa, ɗaya na gargaɗin Faransanci, biyu na furuci, ɗaya na marasa bin layi, huɗu na wutsiya tun da can ne raunin yake, sauran atisaye. Za a sake ɗaukar murya ta musamman a kan shocked, relaxed, embarrassed da depressed, kowace a jingine da wasali. Yaran nan uku da ba su riƙe ma'anar kalmomin ba za su riƙa zuwa minti 20 kafin sauran, da kati 10 kawai a hannu.

Ina so littafin ya fita kafin azumi, wanda zai kama wajen tsakiyar Fabrairu, domin da an fara tarawihi zauren ba zai samu mutane da dare ba. Malamin Mirya ya aiko yana neman abin da na shirya a kwamfuta, zan tura masa gobe tare da bayanin yadda ake juya shafin baya.